Haske a Gorar Ruwa: Abin da Yake Iyawa da Abin da Ya Fi Ƙarfinsa

Masu yawon daji da hawan duwatsu a Amurka da Turai, irin waɗanda kan saɓa jaka su yi makonni suna tafiya a ƙafa don sha'awa kawai, suna da wata 'yar na'ura da ake kira SteriPEN. Tsawonta bai wuce taƙi guda ba. Mutum zai ɗebi ruwa a ƙorama ya cika gorarsa, ya tsoma bakin na'urar a ciki, ya danna maɓalli, ya yi ta motsa ruwan da ita. Lita ɗaya daƙiƙa 90 take ci, rabin lita daƙiƙa 48. Da fitilar da ke bakin na'urar ta ɗauke, sai ya kafa kai ya sha. Bai hura wuta ba, bai nemi itace ba, bai jira ruwa ya huce ba, kuma babu warin magani a bakinsa. Wani Ba'amurke mai suna Miles Maiden ne ya ƙirƙiro ta a jihar Maine wajen ƙarshen shekarun 1990, yanzu kuwa tana hannun kamfanin Katadyn na ƙasar Suwizalan. Ana ganinta wurin masu bin hanyar duwatsun Appalachian a gabashin Amurka, wadda ta haura kilomita 3,000, da kuma masu tattaki zuwa gindin dutsen Everest a Nepal.

Aikina na duba ruwan rijiyoyi da na burtsatse ya sa nakan kwana a ƙauyuka da rugage. Tun da wani abokin aikina ya dawo daga kwas a ƙasar waje da irin wannan na'ura a aljihu, tambaya ɗaya ake yi mana duk inda muka sauka: wai da gaske haske kaɗai zai gyara ruwa, ko dai wata dabarar cin kuɗin mutane ce? Da gaske ne. Sai dai akwai sharaɗi, kuma shi ne abin da masu talla ba su cika son tsayawa a kansa ba. Haske ba ya kashe ƙwayar cutar da bai kai gare ta ba. Duk alherin wannan fasaha da duk gazawarta daga nan suka taso.

Shi kansa hasken ido ba ya ganinsa. Launukan bakan gizo sun fara daga ja sun ƙare a shunayya, kuma an daɗe ana zaton daga nan babu sauran komai. A 1801 wani Bajamushe mai suna Johann Ritter ya ajiye takardar da ya shafa wa wani sinadarin azurfa a can bayan shunayya, inda babu launin komai, sai ya ga ta fi saurin yin baƙi a nan fiye da ko'ina. Ashe akwai wani haske mai ƙarfi a wurin. Shi ne altrabayolet, wanda ake taƙaitawa da UV. Masana sun kasa shi uku. UV-A shi ne mafi yawan wanda ke iso mana daga rana. UV-B kaɗan ne ke saukowa, shi ne ke ƙona fata, kuma zabiya sun fi kowa shan wahalarsa. UV-C kuwa, mafi kaifi a cikinsu, sararin samaniya ne ke tare shi, musamman shimfiɗar iskar ozon, ba ya isowa ƙasa. Wannan rahama ce, don da yana saukowa da rayuwa a doron ƙasa ta yi wuya. Wanda ke son UV-C sai dai ya ƙera fitilar da za ta ba shi. Fitilar da aka saba da ita siririn bututu ne mai tururin zaiba a ciki, tana fitar da haske mai tsawon zango na nanomita 254. Nanomita ɗaya kuwa shi ne in ka raba milimita gida miliyan ka ɗauki ɗaya. Ba da gilashin taga ake yin bututun ba, don gilashin taga yana tare UV-C. Da wani gilashi na musamman ake yi, wanda hasken ke ratsawa.

Yadda yake aiki ba tsafi. Kowace ƙwayar cuta, bakteriya ce ko bairos ko 'yan ƙananan halittun da ke zama a hanji, tana ɗauke da sinadarin gado, wato DNA ko ɗan'uwansa RNA, wanda take kwafa duk lokacin da za ta hayayyafa. Sinadarin nan ya fi shan haske a kusa da zangon da fitilar ke fitarwa. In hasken ya buge shi, sai wasu gaɓoɓinsa da ke maƙwabtaka su manne da juna, kwafi ya gagara. Ƙwayar da ba ta iya hayayyafa a cikin mutum kuwa ba za ta kwantar da shi ba. Abin lura a nan, ba a cire komai daga ruwan ba. Ƙwayoyin suna nan, da su za ka haɗiye, an dai karya lagonsu ne. Ɗanɗanon ruwan ma yana nan yadda yake. In yana warin laka kafin haske, da warin laka za ka sha shi.

Ilimin tsoho ne. Tun 1877 wasu Turawan Ingila biyu, Arthur Downes da Thomas Blunt, suka nuna cewa hasken rana na hana bakteriya yaɗuwa. A 1903 likita Niels Finsen na ƙasar Denmak ya sami lambar Nobel saboda warkar da tarin fukan fata da haske. A 1910 aka gwada tsabtace ruwan birnin Marseille na Faransa da fitilun UV. Daga nan sai abin ya kwanta shekaru da yawa, don fitilun lokacin ba su da ƙarko, ga kulorin da araha.

Wata annoba na cikin abubuwan da suka farfaɗo da shi. A 1993 wata ƙwaya mai suna Cryptosporidium ta shiga ruwan famfon birnin Milwaukee a Amurka, ta sa kimanin mutum 400,000 gudawa cikin 'yan makonni. Ruwan nan fa ana zuba masa kulorin yadda doka ta ce. Ita ƙwayar tana da ƙwanso mai tauri wanda kulorin ba ya yi wa komai. An kuma daɗe ana zaton UV ma ba ya iya mata, saboda in an haska ta aka duba a madubin likita sai a gan ta lafiya lau. Sai a ƙarshen shekarun 1990 masu bincike suka sauya gwaji, suka ba ɓeraye ƙwayoyin da aka haska, ɓerayen ba su kamu ba. Ƙwanson yana nan, abin da ke cikinsa ne ya lalace, kuma ɗan haske kaɗan ya isa. Daga nan manyan birane suka rungumi UV. Tashar da birnin New York ya kammala a 2013 tana iya haska sama da lita biliyan bakwai a rana. 'Yar na'urar aljihun nan jikanyar waɗannan manyan tashoshi ce, kuma masu yawon daji sun so ta ne musamman don Cryptosporidium da 'yar'uwarta Giardia, waɗanda kashin dabbobi da na mutane ke zubawa a ƙoramun da ido ke ganinsu garau.

Na ga aikinta sosai a tsaunin Mambila. Ruwan ƙoramun can sanyi ƙarara, kana hango tsakuwa a ƙasansa, amma shanu na sha a sama da inda kake ɗiba. Abokin nawa ya cika gora mai faɗin baki, ya goge bakin gorar da tsumma mai tsabta, sannan ya tsoma. A gindin bututun akwai wasu 'yan ƙarafa biyu masu jin ruwa, in ba su nutse ba fitilar ba za ta kama ba. Da ta kama, ruwan gaba ɗaya ya yi wani shuɗi-shuɗi, ya fi fitowa da magariba. Wannan shuɗin ba shi ne ke aikin ba, rakiya kawai ya yi, mai aikin ba a ganinsa. Yana ta juya hannu a hankali har lokaci ya cika, wata 'yar fitila ta nuna an gama. Motsawar nan wajibi ce, don ruwan da ke gefe da ƙasan gora ya zagayo kusa da bututun. Goge bakin gorar ma haka. Ɗigon da ya maƙale a zaren murfi haske bai taɓa shi ba, kuma shi ne farkon abin da leɓe zai tarar.

Dalilin waɗancan 'yan ƙarafa biyu shi ne ido. UV-C yana ƙona fatar ido. Masu walda sun san ciwon, mutum ya yi aiki ba tabarau da rana, cikin dare ya farka kamar an zuba masa yashi. A cikin gora babu wannan haɗari, don bangon roba ko gilashi ko ƙarfe yana tare hasken. Amma tun lokacin korona kasuwa ta cika da wasu 'yan sanduna masu hasken shunayya da ake cewa suna kashe ƙwayoyin cuta. Wasu na gaske ne kuma ba su da kariya, suna iya illata ido. Wasu kuma hasken da ke cikinsu irin na tocilar da 'yan canji ke duba jabun kuɗi da ita ne, wanda ba zai gyara ko kofi ɗaya na ruwa cikin minti biyu ba. Shawarata, kada ka ɗora lafiyar cikinka a kan na'urar da ba ka san wanda ya ƙera ta ba.

Ko ta gasken ma tana da nata rauni. Batir take ci, kuma wasu samfuran wani gajeren batir suke so wanda ba za ka same shi a kasuwar ƙauye ba, gara masu cajin waya. Sanyi yana kashe batir da wuri. Bututun gilashi ne, faɗuwa ɗaya a kan dutse ta isa. Kuɗinta yakan kai kusan dala ɗari. Shi ya sa ko Turawan da suka saba da ita ba sa tafiya sai da ƙwayoyin kulorin a gefe, irin su Aquatabs, ko ashana da 'yar tukunya. Akwai kuma sababbin goruna masu ƙananan fitilun LED a murfinsu, ba zaiba, ba saurin fashewa, amma sharaɗinsu ɗaya ne da na tsohuwar.

Sharaɗin nan a bakin wani tafki da ke kan burtali a arewacin Jigawa na ji an fi kowa iya faɗinsa. Ƙarshen rani ne, ruwan ya ja baya, ya yi ja, sawun shanu ko'ina. Wani dattijo makiyayi da ya ji labarin na'urar ya miƙo ƙwaryarsa cike da ruwan tafkin, ya ce wa abokina, "Yaro, sa mini abin nan naka a nawa." Abokina ya ce, "Baffa, a wannan ruwan ba zai yi aiki ba, sai ya kwanta ya yi garau tukuna." Dattijon ya dube shi, ya dubi ƙwaryar, ya ce, "To in ya yi garau, me kuma zan yi da fitilarku?"

Tambayar tana da nauyi, kuma amsarta biyu ce. Ta farko, ruwa mai laka yana yi wa UV abin da hazon hunturu ke yi wa fitilar mota: tana ci, amma ba ta kai ko'ina. Kowane ɓurɓushin ƙasa inuwa ne, ƙwayar cuta kuma takan maƙale a jikinsa ko ta shige cikinsa. Ruwan da ganye ya jiƙa a ciki ya yi launin shayi, ko mai tsatsar ƙarfe, shi ma yana shanye hasken tun kafin ya yi nisa. Mafi muni, na'urar ba ta san haka ba. Za ta ƙirga daƙiƙoƙinta 90 ta nuna maka an gama.

Amsa ta biyu, garau ba shi ne lafiya ba. An ce ido ba mudu ba ne amma ya san ƙima. A kan ruwan sha, ido bai san ƙima ba. Ƙwayoyin kwalara da na taifod da na shan inna suna zama a ruwan da ya fi hawaye tsabta a ido. A makarantar ilimi an koya mana cewa ruwan da launinsa da ɗanɗanonsa da ƙamshinsa ba su sauya ba, ana alwala da shi. Wannan hukuncin tsarki ne, yana nan daram. Amma mutane da yawa sun ɗauke shi sun mai da shi ma'aunin ruwan sha, alhali ba don haka aka kafa shi ba. Haka ma maganar nan da ake yi cewa ruwa mai gudu ba ya ɗaukar ƙazanta, ko "mu cikinmu ya saba". Babba kan saba da wasu ƙwayoyin, gaskiya ne, amma da ya saba yara nawa aka binne? A 2021 kaɗai an ƙirga sama da mutum 100,000 da ake zaton sun kamu da kwalara a Nijeriya, sama da 3,000 suka rasu, kuma jihohin Bauchi da Jigawa da Kano da Zamfara na cikin waɗanda abin ya fi shafa.

Saboda haka aiki biyu ne, ɗaya na bin ɗaya: a fara kwantar da ruwa, sannan a kashe abin da ido bai gani ba. Na farkon mun daɗe da iya shi. A bar ruwa a bokiti ya kwana, a tsiyaye na sama a hankali. A juya ɗan alimun a ciki in ana sauri. Ko a ɓare irin zogale busasshe, a daka farar ƙwayar ta yi laushi, kimanin ɗaya ga kowace lita, biyu in ruwan ya yi kauri, a dama a zuba a juya, a bar shi awa ɗaya ko biyu. Matan ƙauyukan bakin kogin Nilu a Sudan sun daɗe suna wannan tun kafin masana su rubuta shi. Sannan a tace da ƙyalle. Kada a raina ƙyallen nan. A Bangaladash an gwada tace ruwa da tsohon zanen auduga da aka ninka huɗu, sakamakon da aka buga a 2003 ya nuna kwalara ta ragu da kusan rabi a ƙauyukan da suka yi hakan. Mu ma nan, matatar ƙyalle na cikin abubuwan da suka kori kurkunu. Nijeriya ta ƙirga masu kurkunu sama da 600,000 a ƙarshen shekarun 1980, a 2013 aka tabbatar ta rabu da shi, ita da Nijar a shekara ɗaya. Halittun da suka kai girman 'yan ƙwarin da ke ɗauke da kurkunu, da ƙwayayen tsutsar ciki, aikin matata ne, kada a dogara da haske a kansu.

To, wanda ba shi da dala ɗari fa? Nan ne labarin ya fi yi mini daɗi. A Jami'ar Amurka da ke Beirut, cikin shekarun yaƙin basasar Labanan, wani malami mai suna Aftim Acra yana neman yadda iyaye za su sami ruwa mai tsabta na haɗa ruwan gishiri da sukari ga yara masu gudawa. Sai shi da abokan aikinsa suka ga ruwan da aka bari a rana cikin mazubi mai ratsa haske yana rasa bakteriyarsa. Hukumar UNICEF ta buga sakamakon aikin a 1984. Daga baya, cikin shekarun 1990, cibiyar binciken ruwa ta Eawag a Suwizalan, ƙarƙashin jagorancin Martin Wegelin, ta ɗauki abin ta gwada shi a ƙasashe da dama, ta fitar masa da ƙa'idoji. Shi ne ake kira SODIS. Hukumar Lafiya ta Duniya ta sa shi cikin hanyoyin gyaran ruwa a gida da ta yarda da su.

Rana ba ta kawo mana UV-C, to da me take aiki? Da UV-A da zafi. UV-A ba shi da kaifin ɗan'uwansa, amma in ya daɗe yana dukan ruwa yakan sa iskar da ta narke a ciki ta zama mai ƙuna ga ƙwayoyin cuta, zafi kuma ya ƙarasa su. Abin da na'ura ke yi cikin minti ɗaya da rabi, rana sai ta yini tana yi. Ga yadda ake yi. A sami gorar roba fara tas, irin ta ruwan kwalba ko ta lemo, wadda ke da lamba 1 cikin alamar kusurwa uku a gindinta, kada ta wuce lita biyu. A cire takardar jikinta, a wanke da sabulu. A cika ta da ruwan da ya kwanta, a rufe, a kwantar da ita, ba a tsaye ba, a inda rana za ta same ta tun hantsi har la'asar, mafi kyau a kan kwanon rufi. Awa shida in rana ta fito sosai. In gajimare ya rufe fiye da rabin sama, kwana biyu a jere. Ranar da aka yini ana ruwa, ba a yi, gara a tari ruwan saman. In zafin ruwan cikin gorar ya kai digiri 50, aikin yakan kammala cikin awa ɗaya, amma tun da ba wanda ke yawo da ma'aunin zafi, a cika awa shidan. Akwai kuma gwajin da nake koya wa kowa, don na'ura da rana duka: tsayar da cikakkiyar gorar a kan babban rubutun kanun jarida, ka leƙa ta baki. In ka iya karanta haruffan ta cikin ruwan, ya isa a shanya. In ba ka iya ba, koma ka sake kwantar da shi.

Gora mai launin kore ko ruwan ƙasa ba ta yi. Wadda ta tsufa ta yi kaushi ta dushe, a sauya ta. Jarka ba ta yi, haske ba ya ratsa ta, ruwan kuma ya yi zurfi. Masu tsoron cewa roba za ta narke a ruwa in ta sha rana, an yi awo a kan irin wannan gorar mai lamba 1, abin da aka samu ya yi ƙasa ƙwarai da iyakar da Hukumar Lafiya ta Duniya ta gindaya. Wannan magana ta gorar ce, ban haɗa da ledar fiya wata ba, ita robarta daban.

Yana aiki a hannun mutane kuwa? Labari biyu zan bayar, don ɗaya kaɗai ba zai zama adalci ba. A yankin Kajiado na ƙasar Kenya, likitoci daga Ailan sun raba wa iyalan Masai goruna cikin shekarun 1990, wasu su shanya a rana, wasu su ajiye a ɗaki. Gudawa ta ragu a yaran masu shanyawa. Ana nan sai kwalara ta ɓarke a yankin. A cikin yara 'yan ƙasa da shekara shida, 3 daga 155 ne suka kamu a gidajen masu shanyawa, a ɗaya ɓangaren kuwa 20 daga 144. Makiyaya ne fa waɗannan, masu shan ruwan tafki tare da dabbobinsu, kamar namu. Labari na biyu daga Bolibiya yake, a ƙauyuka 22 na yankin Cochabamba. Binciken da aka buga a 2009 bai sami wani raguwar gudawa da za a iya tsayawa a kai ba. Da aka duba, kashi ɗaya cikin uku ne kawai na gidajen ke shanya ruwan da gaske, duk da wayar da kan da aka sha yi musu.

Ni na Bolibiyan ya fi koya mini abu. Rana ba ta gaza ba, mutane ne suka gaji. Gidan mutum goma yana buƙatar goruna sama da ashirin, rabi a kan rufi rabi ana sha, kullum ba fashi. Wa zai wanke, wa zai cika, wa zai hau ya sauko da su? Mun san amsa, matar gida ce, a kan daka da girki da raino. Ruwan kuma da ɗumi yake saukowa, mu kuwa mun saba da sanyin randa. In aka juye shi a randar da kowa ke tsoma moɗa da hannu, aikin yini ya tashi a banza, domin haske, na rana ne ko na fitila, ba ya barin wani mai gadi a cikin ruwa. Kulorin ya fi shi a nan, shi yana zama a ruwan ya ci gaba da tsaro. Ruwan da aka haska a sha shi daga gorarsa ko a tsiyaya a kofi mai tsabta. Mai son sanyi ya sa gorar a rufe cikin randa, ko ya naɗe ta da jiƙaƙƙen buhu ya rataye a inuwa. Kuma a sha cikin kwana ɗaya ko biyu, don wasu bakteriya kan gyara ɓarnar da haske ya yi musu in an ba su lokaci.

Ta fuskar rana dai ba mu da abin kuka. Kano da Katsina da Maraɗi da Damagaram duk suna cikin yankin da SODIS ke aiki. Sai dai a kula da watan Agusta mai yawan hadari, da kwanakin da hazo ya yi kauri har ana iya kallon rana ido da ido. Irin waɗannan ranaku a ba shi kwana biyu. Inda na ga abin ya fi dacewa ba gidan mutum goma ba ne. Manomin da ke yini a gona mai nisa, makiyayin da ke da gora biyu yana sha ɗaya ɗaya na shan rana, mai gadin fadama, ɗan ci-rani a bukka: waɗannan ruwan da suke buƙata kaɗan ne, rana kuma a kansu take yini.

Ko a cikin gari ma hasken nan yana tare da mu. Masana'antun fiya wata da yawa suna da fitilar UV a layin bututunsu. Na taɓa shiga wata, ba zan kama suna ba, na tambayi yaushe aka sauya fitilar. Manajan ya nuna mini shuɗin hasken ya ce, "Yallaɓai, ai ga ta nan tana ci." Irin wannan fitila kimanin awa 9,000 take yi, wato shekara guda in ba a kashewa. Bayan nan za ta ci gaba da shuɗinta alhali ƙarfinta ya ragu sosai. Gilashin da ke lulluɓe da ita kuma ya yi farin datti, ba a taɓa goge shi ba.

Akwai abin da haske ba ya taɓawa ko kaɗan, ko ruwan ya fi madubi. Guba ba rai gare ta ba balle a kashe ta. Maganin feshi da ruwa ya wanko daga gona, man fetur, gishiri, dalma, zaibar masu wankin zinariya, duk suna nan bayan an haska, suna nan bayan an tafasa. A Zamfara a 2010 gubar dalma daga aikin zinariya ta kashe yara aƙalla 400, don haka kududdufin da ke kusa da inda ake niƙa dutse ko wanke shi, ba na'urar aljihu ko gorar da za ta sa ya shawu. A Tibiri ta jihar Maraɗi kuwa ruwan burtsatse ne, fari tas, babu ƙwayar cuta, amma sinadarin fuloraid ya yi masa yawa, ya lanƙwasa ƙasusuwan ɗaruruwan yara kafin a farga. Irin wannan sai awon ɗakin gwaji, sai kuma sauya wurin ɗiba.

In ka tambaye ni hukunci, ga shi. Na'urar aljihu kayan matafiyi ce mai hali, wanda hanyarsa ke bi ta inda ruwa yake garau, ko mai sauka a masaukin da bai yarda da famfonsa ba. A bakin tafkinmu na rani, ita kaɗai ɓarnar kuɗi ce. Gorar rana ta fi ƙarfin a raina ta, kyauta ce, amma sai mai naci. In kuwa ruwan na jariri ne, ko na mara lafiya, ko an ce kwalara ta shigo gari, kada ka tsaya jiran rana ko batir. Kwantar da ruwan, ka tace, ka ɗora a wuta ya tafasa sosai har minti ɗaya, ka bar shi ya huce a rufe cikin tukunyar da ka dafa shi.